Ƙannena masu tafiya bautar ƙasa, ku ji wannan

Ku da aka tura Kudu, sati uku na sansani ba komai ba ne, ana dafa maka ana busa maka bigila ka tashi. Aiki yana farawa ne ranar da aka sallame ku, ka tsinci kanka a Ibadan ko Inugu ko Fatakwal kana neman inda za ka sa haƙarƙarinka, ejan ya ce kuɗin shekara cif, ga lada tasa, ga na yarjejeniya, ga wani wai na ajiya ko da za ka fasa wani abu a gidan. Alawus ɗin dubu 77 ba zai ɗauki wannan ba, dole ku haɗu ku uku ko huɗu ku kama fulat.

To a nan ne kunya take cutar mu. Sai ka ga yaro shi ke ta sa kati a mita, shi ke cika gas, ya kasa cewa uffan wai kar a ce ya cika son kuɗi, yana ta cika yana batsewa, ranar da zai fashe kuma a kan guntun sabulu ne. Haba. Tun daren farko ku zauna ku yanke nawa kowa zai zuba na wuta da ruwa da shara, wa zai wanke banɗaki kuma yaushe, baƙo kwana nawa zai yi, don akwai mai kawo "ɗan uwa" na kwana biyu a wayi gari ya zama ɗan gida. Ku rubuta a WhatsApp kowa ya gani. Rasit ɗin haya kuma a sa sunan kowa, in sunan mutum ɗaya ne to shi kaɗai mai gida ya sani ranar da aka saɓa.

In abokin zamanka ba Musulmi ba ne ka faɗa masa abin da ba ka ci cikin mutunci, ka ware tukunyarka, shi ke nan, ba sai ka riƙa yatsina fuska ba. Yana haƙuri da ƙarar wayarka ta asuba kullum, kai ma ka yi haƙuri da waƙoƙinsa na safiyar Lahadi.

Sannan don Allah kar ka je ka maƙale a unguwar Hausawa, irin su Sabo ta Ibadan ko Ama Hausa ta Owerri. Ka je Juma'a, ka ci tuwo, ka sha hira da 'yan gida, ba laifi. Amma Janar Gowon da ya kafa tsarin nan a 1973, shekara uku bayan yaƙin basasa, ai don a san juna ya yi. Ka koyi gaisuwar mutanen garin, tsohuwar da ke sayar da kayan miya sai ta ƙara maka gyara saboda ita. Ka ɗanɗana amala, miyar ewedu da kake gudu fa lalo ce. In ɗan ɗakinku ya gayyace ka biki ƙauyensu, ka sa babbar rigarka ku tafi, ka dai sanar da gida, kuma ku kama hanya da rana.