Turancin Shekspiya Ba Shi Ne Tsohon Turanci Ba

Ɗalibai da yawa, da sun ci karo da "thou" da "thee" a baitocin Shekspiya, sai su ce ai wannan Tsohon Turanci ne. Ba haka abin yake ba. A wajen masana, Tsohon Turanci shi ne harshen da aka yi a Ingila har wajen shekarar 1100, harshen waƙar Beowulf mai layuka sama da 3,000, wadda Baturen yau ba ya iya karantawa sai ya koya kamar baƙon harshe, da ƙamus na musamman irin na Bosworth da Toller. Chaucer, marubucin waƙoƙi na Ingila da ya rasu a 1400, Turancin Tsakiya ya rubuta, wato wanda ya biyo bayan Tsohon Turanci. Shi kuwa Shekspiya a 1564 aka haife shi, kuma harshensa farkon Turancin zamani ne. Ƙaramin sharhi a gefen shafi ya isa a fahimce shi.