Wayar Jiya da Gobe

A wata rumfar gyaran waya a Farm Centre, Kano. Bakano ya ɗaure tsohuwar Nokia mai tocila a jikin agogon bango, ya jona su da batirin babur. Maishayi na gefe yana fifita gawayi. Sai ga Bazazzagi da ɗansa Audu, mai riƙe da jakar kuɗi.

Bazazzagi: Salamu alaikum. Wai kai ne mai wayar da ke aika saƙo jiya?

Bakano: Wa alaikumus salam. Jiya da gobe duka, Malam. In na murɗa hannun agogon nan hagu, saƙo ya koma baya. In na murɗa dama, ya wuce gaba ya jira ka.

Bazazzagi: Nawa ne?

Bakano: Kowace shekara ɗari biyar.

Bazazzagi: Ɗari biyu.

Bakano: Albarka. Ka san man da ake ƙonawa kafin a kai bara ma?

Bazazzagi: To, 1980 nake so. Wurin marigayi Baba.

Bakano: Dubu ashirin da 'yan kai ke nan. Kar ka zare ido, a 2001 da wayar salula ta shigo, layi kaɗai ya kai haka, kuma shi ko makon jiya ba ya zuwa.

Maishayi: Malam, tambaye shi, a 1980 wa ke da salular da zai karɓa?

Bakano: Kai dai ji da tukunyarka. In saƙo ya wuce 2001 yakan rikiɗe ya zama tangaraho, masinja ya kai shi har ƙofar gida. Faɗi, ina rubutawa.

Bazazzagi: Rubuta: “Baba, sayar da keken da gonar rake ka sayi dala. Yanzu dala ɗaya ko naira ba ta kai ba, amma wata rana za ta haura naira dubu. Ɗanka.”

Bakano ya murɗa agogo har ya yi gumi. Can sai wayar ta yi ƙara.

Bakano: Ya amsa! Ga abin da ya ce: “Wace dalar? Ta gyaɗa ta ƙare, Dutsen Dala kuma na Kanawa ne, ko kyauta ba na so. Ɗana yana goye a bayan uwarsa, ko haƙori bai yi ba, balle ya san tangaraho. Wanda ya ce naira za ta rusuna wa takardar Amurka a nema masa rubutun sha. Allah ya isa, ɗan damfara.”

Bazazzagi: Allahu akbar! Wallahi muryar Baba ce. Haka yake, ba ya jin shawara.

Maishayi: Za ka biya dubu ashirin, ga shi an yi maka Allah ya isa.

Bazazzagi: Ta uba ce, ba komai. Kawo kusa. Janairun 2023, zuwa gare ni. Ka ce: “Kar ka kai tsofaffin kuɗinka banki. Kotun Ƙoli za ta ce a ci gaba da karɓarsu. Riƙe abinka a ƙarƙashin katifa.”

Aka murɗa. Shiru. Maishayi ya zuba musu shayi kofi biyu ba tare da an tambaye shi ba, ya kuma rubuta a littafin bashi.

Bakano: Yauwa, ta shigo. Ka ce: “Sai yanzu? Yau Maris ya kusa ƙarewa. Na kwana uku a layin banki, mai POS ya yanke ni, takalmina ƙafa ɗaya ya ɓata a turmutsutsu. Ina kake tun tuni?”

Bazazzagi: Kai! Wayar da ke tafiya baya ita ma makara take yi?

Bakano: Sabis ne. Kowa 2023 yake aika saƙo, hanyar ta cushe. Masu cewa a cika jarkoki da fetur kafin 29 ga Mayu su kaɗai sun tare titi.

Bazazzagi: To ga na ƙarshe. Ranar ɗaurin aurena. Ka ce min in yi tunani tukuna, don matan nan ya cika faɗa.

Bakano: “Ya cika” ko “ta cika”? Ku Zagezagi ku fara daidaita mace da namiji kafin ku daidaita tarihi. Sannan tsaya. In ka fasa auren, yaron nan fa?

Audu: Baba, ni fa?

Bakano: Zai ɓace. Shi da jakar kuɗina. Wannan saƙon ba na aika shi sai an biya tukuna.

Kafin ya rufe baki wayar ta sake ƙara, ba wanda ya taɓa agogo.

Bazazzagi: Miƙo nan, ni zan karanta. “Daga kai, gobe da safe. Kar ka ba Bakano ko sisi. Wayar ƙarya ce.”

Bakano: Madalla! In ƙarya ce, ta ina saƙon ya biyo? Tunda ya iso, wayar na aiki. Biya.

Bazazzagi: In tana aiki, to gaskiya na faɗa wa kaina, ƙarya ce. Ba na biya.

Bakano: In ba ka biya ba, gobe ba ka da dalilin aiko shi.

Bazazzagi: Dakata, kaina ya ɗau zafi. Maishayi, raba mu.

Maishayi (yana tura wayarsa aljihu): Ni dai na ji ana cewa wani saƙon na nan tafe daga jibi, kan kuɗin shayi kofi biyu.

Sai wata murya ta taso daga bayan buhun da aka kare rumfar da shi.

Yaron shago: Maigida, katina ya ƙare! In an sake neman Baban 1980 me zan yi?

Bakano: Ka ji ko, Malam? Har can ma tsadar kati ta isa. Ƙara ɗari biyar a saka wa tsoho.