Sun ce ƙashi ba ya ƙarya. To mai karanta shi fa?

A watan Disamba na 1977 'yan sanda a jihar Tennessee ta Amurka suka kira wani malamin jami'a, William Bass, ya zo ya duba musu gawa. An tarar da wani tsohon kabari a tone, ga gawar namiji babu kai a saman akwatin, sanye da kaya masu kyau, naman jikin ma da sauran ja-ja. Bass ya duba, ya ce wannan bai fi shekara guda da mutuwa ba, ƙila ma watanni ne. Jaridu suka ɗauka, 'yan sanda suka bazama neman wanda ya yi kisa ya zo ya cusa a kabarin wani. Ashe mai kabarin ne da kansa, Kanar William Shy, wanda aka harbe a yaƙin basasar Amurka a 1864. Ɓarayin kabari ne suka fasa akwatinsa suka jawo shi waje. Tun asali an yi wa gawar maganin hana ruɓa, aka rufe ta a akwatin ƙarfe da iska ba ta shiga. Babban masani ya yi kuskuren shekara 113.

Da wannan na ga ya dace in buɗe amsar da na yi wa 'yan uwa alkawari, waɗanda suka yi ta tambaya wane littafi mutum zai karanta in yana son fahimtar yadda ake tono ƙasusuwan mutanen da, da yadda ake binciken gawa don shari'a. Ni dai mai karatu ne kawai, ban taɓa riƙe ƙashin mutum a ɗakin bincike ba. Amma na karanta isassu har na samu ma'auni ɗaya da nake auna su da shi: ina buɗe littafi in nemi inda marubucin ya ce "a nan na yi kuskure." In na rasa wurin, sai in ajiye. Masu wannan aiki suna yawan cewa ƙashi ba ya ƙarya, kuma haka ne. Sai dai ƙashi ba ya magana, mutum ne ke fassara shi, mutum kuwa ɗan tara ne.

Bass bai ɓoye abin da ya same shi ba. Ya ba da labarin da bakinsa a littafin Death's Acre na 2003, wanda suka rubuta da Jon Jefferson. Kunyar da ya ji na cikin abin da ya sa ya nemi fili a Jami'ar Tennessee da ke Knoxville, inda tun farkon shekarun 1980 ake ajiye gawarwakin da aka bayar don bincike, wasu a rana, wasu a inuwa, wasu a bayan mota, a riƙa rubuta yaushe ƙuda ya zo, yaushe tsutsa ta fito, yaushe nama ya rabu da ƙashi. Littafin na da sauƙin karatu, da shi nake cewa a fara. Aibinsa biyu: akwai ɗan cika baki irin na tsohon da ya san ya yi suna, sannan lissafin ruɓar gawa da aka yi a yanayin Tennessee ba zai zauna daidai a hamada ko ƙasar ƙanƙara ba.

Wanda ya fi burge ni a duk fannin nan kuwa ya riga Bass da kusan shekara 800. Abdullaɗif al-Baghdadi likita ne, yana Masar lokacin mummunar yunwar da aka yi wajen 1200 zuwa 1202, sanda kogin Nilu ya ƙi cika. Mutane sun mutu har ƙasusuwa suka taru tsibi guda kusa da Alƙahira. A zamanin, duk likitan da ya amsa sunansa ya haddace maganar Jalinus, babban likitan Girkawa, cewa muƙamuƙin ƙasa ƙashi biyu ne da suka haɗu a haɓa. Fiye da shekara dubu ana karantar da haka, malami ya ba ɗalibi, ɗalibi ya ba nasa ɗalibin. Abdullaɗif ya je wurin tsibin ya riƙa ɗauka yana jujjuyawa, ya duba sama da kawuna 2,000, bai samu ko ɗaya mai tsaga a haɓa ba. Ya sa wasu ma suka duba, a gabansa da bayan idonsa, amsa ɗaya. Sai ya rubuta a Kitabul Ifada wal I'itibar cewa ƙashi ɗaya ne, kuma duk girman Jalinus, abin da ido ya gani ya fi abin da kunne ya ji. Gani ya kori ji ke nan. Mai Larabci ya nemi littafin, ba shi da kauri, sai dai ya shirya zuciyarsa, domin babin yunwar ba daɗi.

A ƙasar Sin kuma akwai Song Ci, alƙali ne, ya rubuta littafin koya wa jami'ai duba gawa a 1247. A ciki ne labarin nan yake na mutumin da aka sare, mai bincike ya tara laujen mutanen gari a rana, ƙudaje suka bar sauran suka yanyame ɗaya, duk da mai shi ya wanke. An fassara shi zuwa Turanci da sunan The Washing Away of Wrongs. A karanta shi don tarihi, domin akwai camfi a cikinsa gefe da gefe da basira.

Yanzu bari in faɗi nawa kuskuren. Da ɗokin farko na tsallake duk waɗannan na faɗa kan The Human Bone Manual na Tim White da Pieter Folkens, wanda ɗalibai ke riƙewa. Ban yi mako biyu ba na jefar. Hotunan ƙashi ne shafi bayan shafi, kowane tudu da kwari da sunansa na Latin. Sai daga baya na gane yadda ake cinsa: ana buɗe shi ne in tambaya ta taso, hannu ɗaya kan shafi, ɗaya kan jikinka. Na tuna daren da na zauna ina lalubar ƙashin nan da ya taso daga gindin wuya zuwa kafaɗa, bayan na karanta cewa bakinsa na wajen ƙirji shi ne kusan na ƙarshe da ke gama haɗewa, wani sai ya doshi shekara 30. Jariri na zuwa duniya da ƙasusuwa wajen 270, babba na da 206, domin suna ta haɗewa da juna yayin girma. Wannan haɗewar, tare da fitowar haƙora, ita ke sa a iya ƙiyasta shekarun yaro kusan daidai. Da zarar mutum ya gama girma sai lissafi ya yi sako-sako, masanin kirki zai ce maka tsakanin 35 da 50. Wanda ya kalli ƙoƙon kai ya ce "shekararsa 42" ɗan fim ne. Haka batun jinsi: ƙashin ƙugu ya fi ƙoƙon kai faɗin gaskiya, ƙashin yaron da bai balaga ba kuwa ba a yanke masa hukunci da ido. Kuma ɗanyen ƙashi yana karyewa daban da busasshe, abin da ke raba raunin da ya kashe mutum da ɓarnar da shebur ɗin mai tono ya yi.

A ɓangaren tone-tonen tarihi, littattafan da suka fi daɗi su ne suka fi buƙatar taka-tsantsan, domin babu dangin da za su zo su ƙaryata marubucin. Ɗauki mutumin ƙanƙara, Ötzi, da aka tsinta a tsaunukan kan iyakar Italiya da Ostiriya a 1991, mai kimanin shekara 5,300. Konrad Spindler ya rubuta The Man in the Ice, ya tsara labari mai kama jiki: rikici ya koro mutumin daga ƙauyensu, ya hau dutse a jigace, sanyi ya ƙarasa shi. Sai a 2001, shekara goma cur ana jujjuya gawar nan, wani likitan hoto a birnin Bolzano na Italiya ya hango tsinin kibiya a kafaɗarsa ta hagu. Harbe shi aka yi ta baya. Ban hana karanta Spindler ba, bayanin kayan mutumin, gatarinsa na jan ƙarfe da takalmansa, har yau yana da amfani. Amma a karanta da sanin abin da ya biyo baya. Haka kabarin Birka a Suwidin: an tone shi a 1878, aka ga takobi da mashi da dawakai biyu, kowa ya ce jarumi ne namiji, aka yi ta maimaitawa fiye da ƙarni guda, sai gwajin DNA na 2017 ya nuna mace ce. Kayan da ke gefenta aka karanta, aka manta da ita kanta.

The Bog People na P. V. Glob tsohon littafi ne, na shekarun 1960, kan gawarwakin da fadamun arewacin Turai suka jeme kamar fata. Mutumin Tollund da aka tono a Danmak a 1950 ya yi kyau har masu haƙar suka kira 'yan sanda, alhali ya haura shekara 2,000, da igiya a wuyansa. Hotunan kaɗai sun isa dalilin neman littafin. Fassarar Glob cewa hadaya aka yi da su ga wata gunkiya kuwa, ra'ayinsa ne.

Inda na fi son mai karatu ya daɗe shi ne littattafan manyan ramukan da aka zuba mutane bayan kisan gilla, domin a can ne kuskure ke da tsada. Clyde Snow, masanin ƙashi ɗan Amurka, ya je Ajantina a 1984, bayan faɗuwar gwamnatin soja, ya tarar ana tone kaburburan waɗanda sojojin suka sace suka kashe, da motar haƙa, ana dagargaza shaida. Ya tara ɗalibai matasa ya koya musu tono da ƙaramin cokali da buroshi, irin na masu tonon tarihi, kuma daga nan aka samu ƙungiyar Ajantina da ta yi aiki a ƙasashe da dama. A 1985 ya tsaya gaban kotun da ke shari'ar janar-janar ɗin ya nuna hotunan ƙasusuwan Liliana Pereyra, wadda aka sace da ciki, aka harbe ta a ka bayan ta haihu. An gano ɗanta a raye a 2008. Labarin Snow na cikin Witnesses from the Grave na Christopher Joyce da Eric Stover. Ko a nan ma ma'aunina na aiki: alamar da ke jikin ƙashin ƙugu wadda a da ake kafa hujjar haihuwa da ita, bincike na baya ya nuna ba abin dogaro ba ce ita kaɗai.

Clea Koff tana da shekara 23 ta je Kibuye a Ruwanda a 1996, daga nan Bosniya da Kosovo. The Bone Woman littafin mai tono ne da hannunta, ba na shugaban tawaga ba, shi ya sa za ka ji wari da gajiya da saɓanin abokan aiki. A Bosniya ne aikin ya fi tsanani: waɗanda suka kashe mutum wajen 8,000 a Srebrenica a 1995 sun koma da manyan motoci sun kwashe gawarwakin zuwa wasu ramuka don ɓoye sawu, har ya zama ana samun sassan mutum ɗaya a ramuka daban-daban. DNA ce ta warware wannan.

Na san akwai mai cewa, duk wannan ba keta haddin mamaci ba ne? Tambaya ce mai nauyi, ga hadisin da Abu Dawud ya ruwaito cewa karya ƙashin mamaci kamar karya shi ne yana raye. Kuma fannin na da baƙin tarihi da bai kamata a share ba. Samuel Morton ya tara ɗaruruwan ƙoƙunan kai a Amurka yana aunawa don jera jinsunan mutane sama da ƙasa, ya buga littafinsa a 1839. Gawar Sarah Baartman, 'yar Afirka da aka riƙa nunawa 'yan kallo a Turai, ba ta bar Faransa ta koma Afirka ta Kudu ba sai 2002. Kawuna 20 na 'yan ƙabilun Herero da Nama da aka kai Jamus zamanin mulkin mallaka sai 2011 aka mayar Namibiya. Littafin da ya nuna maka ƙoƙon kai bai gaya maka yadda aka samo shi ba, ya ɓoye maka rabin labari. Ra'ayina shi ne akwai tazara mai nisa tsakanin wanda ya tono don ya jera a kanta a zo kallo, da wanda ya tono don ya mayar wa uwa da ɗanta, kotu kuma ta samu shaida.

Shi ya sa in mutum ya ce littafi ɗaya tak zai iya karantawa, sai in ce All That Remains na Sue Black, masaniyar ƙashi 'yar Sikotilan, na 2018. Ba ta da ɗagawa, tana faɗin iyakar saninta, kuma ba ta sayar da tsoro. Ta je Kosovo a 1999, kuma a cikin ayyukan da ta yi a ƙasar akwai na wani magidanci da aka harba wa iyalinsa roka suna kan hanyar gudu: matarsa, wasu mata biyu na iyalin da yara takwas. Shi kaɗai ya tsira, da rauni a jikinsa ya tattara abin da ya iya tattarawa ya binne wuri ɗaya. Abin da ya roƙa shi ne a raba masa su, kowa da kabarinsa da sunansa. Suka shimfiɗa zannuwa goma sha ɗaya, suka yi ta aza guntu-guntun ƙashi bisa shekarun kowa, har aka zo kan tagwaye maza, waɗanda ƙashi ba zai raba su ba. Ɗaya daga cikin gawarwakin biyun na da guntun singileti mai hoton Mickey Mouse. Suka aika a tambayi uban, ba tare da an ambaci tagwayen ba, wane ne cikin 'ya'yansa ke da irin wannan riga. Ya faɗi sunan ɗaya daga cikin tagwayen.