Tiberio Murgia: ɗan Sardiniya da fim ya mayar ɗan Sisili

Duk wanda ya saba kallon tsofaffin finafinan barkwanci na Italiya ya san fuskar Tiberio Murgia ko da bai riƙe sunansa ba: siririn mutum mai gashin baki da kaurin gira, wanda yake ɗaga haɓa yana kallon jama'a da rabin ido. Ra'ayina shi ne masana'antar fim ta ƙasar ta ci moriyarsa ƙwarai, amma ba ta yi masa adalci ba.

An haife shi a Oristano da ke tsibirin Sardiniya a 1929, a gidan talakawa. Neman abinci ya kai shi haƙar kwal a Beljiyam, sannan ya koma Roma yana wanke kwanuka a gidan abinci, daga nan darakta Mario Monicelli ya saka shi a fim ɗin I soliti ignoti na 1958 tare da manyan jarumai irin su Vittorio Gassman da Marcello Mastroianni da Totò. Ya fito a matsayin Ferribotte, ɗan Sisili (wani tsibiri dabam na Italiya) mai tsananin kishi, wanda yake kulle ƙanwarsa a gida don kada wani namiji ya gan ta, kuma Claudia Cardinale ce ta fito a matsayin ƙanwar. Fim ɗin ya karɓu har ya shiga takarar Oscar.

Abin da yake damuna ya fara ne daga wannan nasara. Murgia ba ɗan Sisili ba ne, kuma muryar da masu kallo suka ji ba tasa ba ce, domin a Italiya ta wancan zamani an saba ɗaukar hoto tukuna, daga baya a ɗora murya a ɗakin naɗar sauti, saboda haka aka ɗora masa ta wani da karin harshen Sisili. Daga nan furodusoshi suka ƙi ganin komai a tare da shi sai wannan mutum mai kishi da girman kai, suka yi ta maimaita shi a finafinai fiye da ɗari, har jama'a suka ɗauka asalinsa ke nan.

Wasu za su ce ai wannan ne ya raba shi da wankin kwanuka, kuma gaskiya ne, ba na raina hakan. Sai dai mutumin da zai tsaya kusa da Gassman, bai ce uffan ba, amma ido ya koma kansa, yana da baiwar da ta cancanci a jarraba shi a wani matsayi dabam. Ya sake fitowa a La grande guerra na Monicelli a 1959, nan ma a matsayin soja ɗan Sisili, kuma a 1985 aka dawo da shi a matsayin Ferribotte yana da shekara 56. Ya rasu a garin Tolfa da ke kusa da Roma a 2010, alhali yawancin waɗanda suka yi shekaru suna dariya da fitowarsa ba su san garin da aka haife shi ba.