Kafin ki yi sha'awar taurarin da ke kafaɗarta

Ƙannena mata masu karatun lauya, da ku samarin da ke zaune aji ɗaya da su, ku ba ni aron kunnuwanku.

Makon jiya 'yar yayana, wadda ke aji uku a jami'a, ta turo mini hoton wata Ba'amurkiya cikin kakin soja, taurari uku jere a kafaɗarta. A ƙasa ta rubuta: "Gwaggo, irin wannan nake so in zama." Na ji daɗi har cikin raina. Amma da na tambaye ta mene ne aikin matar, sai ta ce, "Janar ce mana." Wannan amsa ita ta hana ni sukuni.

Matar ita ce Flora Darpino. A watan Satumba na 2013 aka naɗa ta shugabar lauyoyin rundunar sojan ƙasa ta Amurka da muƙamin Laftanar Janar, ta riƙe kujerar har 2017. Ofishin ya samo asali ne tun 1775, zamanin George Washington, kuma maza 38 ne suka zauna a kansa kafin ita. Wannan shi ne abin da ake rubutawa a ƙarƙashin hoto. Abin da ba a rubutawa kuwa, ta shiga soja ne a 1987, tana ƙaramar hafsa, jim kaɗan da gama karatun lauya a Jami'ar Rutgers. Ki ƙirga da yatsunki, shekara 26 ke nan. A cikinsu ta yi aiki a Jamus, ta tafi Tikrit ta Iraƙi a matsayin babbar lauyar Runduna ta 4 ta sojojin ƙafa, ta sake komawa Bagadaza tana ba kwamandan dakarun Amurka shawara, ta kuma shugabanci makarantar horar da lauyoyin soja da ke Charlottesville.

To, mene ne aikin? Ku ƙaddara kuna cikin ɗakin tsara farmaki, dare ya raba. Taswira na shimfiɗe, allo na nuna wani gida daga sama, kwamanda ya kwana biyu bai runtsa ba, an kashe masa sojoji jiya. Labari ya zo cewa wanda ake nema yana cikin gidan nan. Katanga ɗaya ce tsakanin gidan da wani mai cike da iyali. Sai kwamanda ya waiwayo ya ce, "Lauya, me kika gani?" Babu lokacin buɗe littafi. Dole tun tuni ta haddace abin da Yarjejeniyoyin Geneva guda huɗu na 1949 suka ce game da fararen hula da fursunoni da masu rauni, ta san ƙa'idar bambance mayaƙi da wanda ba ruwansa, ta san yadda ake auna amfanin hari da ɓarnar da zai jawo. Wani lokaci amsarta ita ce, "Ranka ya daɗe, doka ba ta ba mu dama ba." Kuma wanda take faɗa wa haka ya fi ta girman muƙami, shi ne ma zai rubuta rahoton da ƙarin girmanta ya rataya a kansa.

Nan ne nake so ku tsaya ku yi tunani. A farkon 2003 manyan lauyoyin sojan Amurka sun rubuta takardu suna adawa da hanyoyin gallaza wa fursunoni wajen tambaya, suka ce abin zai zubar da mutuncin rundunar, ya kuma jefa nasu sojojin cikin haɗari idan aka kama su. Ba a ba maganarsu nauyin da ya kamata ba. A 2004 hotunan yadda sojojin Amurka ke azabtar da fursunoni a gidan yarin Abu Ghraib da ke Iraƙi suka fito, duniya ta ga abin kunya da idonta. Daga baya, a 2008, majalisar dokokin ƙasar ta ɗaga muƙamin shugabannin lauyoyin soja daga taurari biyu zuwa uku, don muryarsu ta yi ƙarfi a zauren da ake yanke shawara. Taurari ukun da 'yata ta gani a hoto, daga nan suka fito.

Ba yabon yaƙin Iraƙi nake yi ba, Allah ya sani zuciyata na tare da bayin Allah da aka zubar da jininsu a can. Kuma kasancewar lauya a ɗaki bai hana zalunci aukuwa ba a lokuta da yawa. Shi ya sa ma nake ganin aikin ya fi ƙarfin mai neman suna.

Abin da ke damuna da ku, ƙannena, shi ne gaggawa. Ana kiran mutum zuwa aikin lauya yau, gobe ya cika Facebook da hoton hular gashi da baƙar riga, amma a ba shi fayil ɗin wani talaka da aka tsare wata shida ba a kai shi kotu ba, sai ya ce aikin ya yi masa kaɗan. Wanda bai iya cewa "a'a" ga abokin da ya roƙe shi satar amsa a ɗakin jarrabawa ba, ta yaya zai faɗe ta ga mai bindiga? Wadda ta saba sa hannu a takardar da ba ta karanta ba don kada oga ya ɓata rai, ranar da takardar za ta zama ta ran mutane ma hannun zai tafi da kansa. Ice tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Ku 'yan mata kuma, za a ce muku soja ba wurin mace ba ne. Ku saurari iyayenku da ladabi, ku yi shawara da su, amma ku sani a 2015 Susan Ridge, ita ma lauya, ta zama mace ta farko da ta kai Manjo Janar a sojan ƙasa na Birtaniya, ta ƙofar shari'a ta bi.

Na kira 'yar yayana da daddare na ce ta nemo Yarjejeniya ta Huɗu ta Geneva, wadda ta shafi fararen hula, ta karanta ta daga farko har ƙarshe. Na ce idan ta zo hutun Sallah zan shimfiɗa tabarma in yi mata tambayoyi a kai. Ta ce, "To, Gwaggo, in sha Allahu."