Wa ya ce baƙo ne ke karya albashi?

Tun da Trump ya dawo mulki a 2025 jami'an ICE, hukumar shige da fice ta Amurka, ke kai samame wuraren aiki suna kwashe baƙin haure, kuma hujjar da ake ta nanatawa ita ce wai ma'aikacin Amurka ake karewa, domin baƙo ne ke karya albashi. Maganar nan tana ƙona min rai, balle in ta fito daga bakin ɗan ƙwadago a New York, birnin Mike Quill.

Quill ɗan ƙauye ne daga yankin Kerry na ƙasar Ireland. Ya sauka New York a 1926, ya samu aiki a jirgin ƙarƙashin ƙasa na kamfanin IRT. Awa 12 a rana, kwana bakwai a mako, yana cikin ɗan akurki yana ba fasinjoji canji. Kamfani ne ya tsara wannan bauta, har da 'yan leƙen asirinsa masu kai rahoton duk wanda ya yi ƙorafi. Shi ya sa a ɓoye Quill da abokan aikinsa, yawancinsu baƙi irinsa, suka riƙa haɗuwa har suka kafa ƙungiyar ma'aikatan sufuri ta TWU a 1934. A 1937 aka zaɓe shi kansila a majalisar birnin.

Ranar 1 ga Janairun 1966, ranar da John Lindsay ya kama aikin magajin gari, Quill ya tsayar da jirage da bas-bas na birnin cak. Alƙali ya ɗaure shi, ciwon zuciya ya kayar da shi yana tsare. Bayan kwana 12 hukuma ta miƙa wuya ta ƙara albashi, shi kuwa bai ga ƙarshen watan ba. Ƙarin nan ɗan ƙasa ya ci, baƙo ya ci.

Za a ce ai shi da takarda ya shigo. To, ai nan gizo ke saƙar! Takardar ce ta ba shi bakin magana. Wanda ya san in ya ɗaga murya za a tasa ƙeyarsa zuwa filin jirgi, ko nawa aka miƙa masa karɓa zai yi ya yi shiru, kuma mai kamfani ya fi kowa sanin haka. Kowane samame ƙara wannan tsoro yake yi, albashin da ake iƙirarin karewa kuma ya ƙara faɗuwa.

A ba mutanen nan izinin aiki su shiga ƙungiya. In kuma samamen ya zama dole, a fara da ofishin mai kamfanin da ke danne musu haƙƙi.