Ƙannena 'yan mata masu son shiga fim, ku tsaya mu yi magana

Yanzu a nan Kamaru, a Garwa da Marwa har Ngaundere, kusan kowane gida ana kallon shirin Hausa mai dogon zango, ko a Arewa24 ko a YouTube, to ba laifi ba ne don yarinya ta ce tana sha'awar ta zama jaruma, sana'a ce. Abin da ke damuna shi ne yawancinku fuskar da ke fitowa a talabijin kawai kuke gani, leshi da kwalliya da mota, ba ku tambaya waye mai shirin, kuɗin kuma aljihun wa yake shiga.

Jaruma aiki aka kira ta, ta je lokeshin tun safe ta zauna jiran a zo kan fitowarta, wataƙila sai bayan la'asar, a maimaita magana ɗaya sau goma saboda mai babur ya wuce ya ɓata sauti, a gama a ba ta sallama ta tafi, shikenan an rabu. Ko shirin ya shekara ana kallonsa, kuɗin talla da na YouTube na furodusa ne. Kun tuna 2022 da Mama Ladin Cima, tsohuwar jarumar Kannywood, ta faɗa wa BBC Hausa cewa sau da yawa naira dubu biyu zuwa dubu biyar ake sallamarta, wasu manyan masana'antar suka fito suka musanta, aka yi ta ce-ce-ku-ce? Ko ma waye ke da gaskiya, ku lissafa dubu biyar ɗin nan da sefa ku gani ko za ta kai ku Yola ta dawo da ku.

Shi ya sa waɗanda suka daɗe ana damawa da su ba a gaban kyamara kaɗai suka tsaya ba. Rahama Sadau da ƙungiyar masu shirya finafinai ta MOPPAN ta dakatar da ita a 2016, da a ce jiran kiran darakta kawai ta iya ai da ta sha wuya, amma tana da kamfaninta, a 2017 ta fito da fim nata na kanta wanda ita ce furodusa, ta kuma yi karatun jami'a a Cyprus. Hadiza Gabon kuwa a Libreville babban birnin Gabon aka haife ta, da Faransanci ta yi makaranta kamar mu, ta tsallako ta yi suna a Kano da Kaduna, yau tana da shirin hira nata a YouTube. Kenan zama baƙuwa ba ya hana, amma fa ba da kyau kaɗai ta kai nan ba.

To ke ƙanwata me kika iya? In kina lise, wato sakandare, ki gama tukuna, wallahi fim ba zai gudu ba. Ki koyi rubuta labari, ki koyi haɗa hoto a kwamfuta, ki san nawa ake hayar kyamara da fitila a rana, nawa abincin mutum ashirin zai ci, wa zai ba ki aron gida a yi ɗauka, don furodusa ita ce mai wannan ciwon kan duka, ita ake bi bashi in shiri bai karɓu ba. Kuma ba sai kin je Kano za ki fara ba, da waya mai kyau da makirfo da ƙawaye huɗu masu hankali za ku iya gajeren shiri a nan unguwa, da Hausarmu da ke gauraye da Fulatanci, wanda har yau ban ga mai yi mana shi yadda ya kamata ba.

Sai kuma masu shigo muku inbox su ce su furodusa ne, ki turo hotuna, ki turo kuɗin rajista, ki taho ke kaɗai kar ki faɗa wa kowa akwai masauki. Don Allah ki toshe shi. Mai aikin gaske yana da ofis, yana da shirin da za ki iya nema ki kalla da sunansa a jiki, kuma ba zai ji haushi ba in kin ce yayanki ko kawunki zai rako ki, a rubuta nawa za a biya ki da yaushe kafin a kunna kyamara.